Yaro Da Laifi: Abin Da Masana Suka Gano Game Da Horo, Kotun Yara Da Zaman Gidan Yari

Darasinmu na wannan fitowa ya shafi abin da kowace uwa take addu'ar kada Allah Ya nuna mata, amma da wuya ki sami unguwar da bai leƙa ba. Wato yaro ya kangare, ya fara ɗauke-ɗauke ko shaye-shaye, ko ya faɗa daba, har ta kai hukuma ta kama shi.

A irin wannan hali uwa takan rasa tudun dafawa. Wata ta riƙa biyan kuɗin ɓarna a ɓoye don kada maigida ya ji. Wata kuwa in tura ta kai bango sai ki ji ta ce, "Ni dai a kai shi a ɗaure ko ya ji a jikinsa." To a cikinsu wa ta yi daidai? A jami'o'i akwai fanni guda da ake kira ilimin nazarin laifuka, malamansa sun shafe kusan shekara 150 suna bin diddigin dalilin da ke sa mutum ya yi laifi da abin da ke sa ya daina. Akasarin binciken a Turai da Amurka aka yi shi, don haka za mu kawo kowanne da inda aka yi shi, sannan mu tsinci abin da zai amfane mu.

Shin ana haihuwar mutum da laifi?

A shekarar 1876 wani likita ɗan ƙasar Italiya mai suna Cesare Lombroso ya fitar da littafi yana cewa akwai mutanen da aka haife su masu laifi, kuma wai ana gane su ta kamanninsu: babban muƙamuƙi, manyan kunnuwa, dogayen hannuwa. Ya auna kawunan fursunoni da jikinsu, maganarsa kuma ta yi tashe ƙwarai a zamaninsa. Sai a 1913 wani likitan gidan yari a Ingila, Charles Goring, ya buga sakamakon awon da aka yi wa fursunoni kimanin 3,000, aka kwatanta su da ɗaliban jami'a da sojoji da majinyata a asibiti. Bai sami wata kama ta jiki da ta raba ɓarawo da wanda ba ɓarawo ba.

Ra'in Lombroso ya mutu a makarantu, amma ƙanwarsa tana nan da rai a bakunanmu. "Ai gado ya yi." "Barewa ba ta gudu ɗanta ya yi rarrafe." "Jinin gidan su wane ne." Gaskiya ne yara sun bambanta tun daga goyo, wani mai zafin zuciya, wani mai rawar kai, wani mai sanyi. Masana na yanzu ba su musa wannan ba. Abin da suka ƙi yarda da shi shi ne a ce halin da aka haifi yaro da shi ya riga ya yanke masa hukuncin zama ɗan gidan yari. Duk uwar da ta yarda cewa gado ne, ta sallama tun ba a fara kokawar ba.

Unguwa da abokai

Wasu malamai biyu a birnin Shikago na Amurka, Clifford Shaw da Henry McKay, sun yi wani aiki mai ban sha'awa da suka buga a 1942. Sun ɗauki adireshin yaran da aka kai kotu tun daga 1900 har zuwa 1933, suka riƙa ɗiga alama a taswirar garin. Sai ga alamomin sun yi cincirindo a unguwannin talakawa da ke kusa da masana'antu. Abin mamakin shi ne mazauna unguwannin sun yi ta sauyawa. Jamusawa da 'yan Ailan suka zauna suka tashi, 'yan Polan da 'yan Italiya suka zo, daga baya baƙaƙen fata daga kudancin ƙasar suka maye gurbinsu. Ƙabila ta canza, laifi yana nan inda yake. Iyalan da suka sami hali suka koma wata unguwa kuwa, sai laifin 'ya'yansu ya ragu. Suka ce matsalar tana ga unguwar da maƙwabci bai san maƙwabci ba, kowa ɗan haya ne mai shirin tashi, babu babban da zai tsawata wa ɗan wani.

Kin ga ashe maganar iyayenmu ta "ɗa na kowa ne" tana da tushe. Ranar da muka fara ɗaukar mayafi muna zuwa rama wa yaro don maƙwabciya ta yi masa faɗa, ranar muka fara rushe katangar da ke kare shi.

Wani malamin kuma, Edwin Sutherland, a 1939 ya ce laifi koyonsa ake yi kamar yadda ake koyon ɗinki ko kanikanci, kuma a wurin makusanta ake koyonsa. Yaro yana koyon yadda ake ɓalle kwaɗo, yana kuma koyon hujjar da zai kwantar wa zuciyarsa hankali da ita: "ai mai kuɗi ne, ba zai ji ba", "kowa ma yana yi". Gwargwadon daɗewarsa da masu wannan magana da girman da yake ba su, gwargwadon yadda za ta zauna masa. Zama da maɗaukin kanwa ke nan. Saboda haka uwargida, sanin majalisar da ɗanki yake zama da sunan wanda yake kira "oga" a cikinta ya fi miki sanin makin da ya ci a jarrabawa.

Igiyoyi huɗu

A 1969 Travis Hirschi ya juya tambayar. Ya ce sha'awar ɗaukar abin da ba naka ba kowa yana iya jin ta, to me ke hana yawancin yara? Bayan ya yi nazarin amsoshin ɗalibai kimanin 4,000 a jihar Kalifoniya, sai ya ce igiyoyi huɗu ne ke riƙe yaro. Ta farko shaƙuwa, wato ya damu da abin da iyayensa da malamansa za su ji in ya yi abin kunya. Ta biyu abin da ya tara wanda yake tsoron asararsa, kamar karatu ko sana'ar da ya fara ƙwarewa a kai. Ta uku shagaltuwa da abin kirki har ya rasa lokacin yawo. Ta huɗu yarda a zuci cewa doka da ƙa'ida abin girmamawa ne. In igiya ɗaya ta tsinke sauran suna iya riƙe shi. In duk suka tsinke, to yaro ya zama akuya sake.

Tun kafin wannan, wasu mata da miji masu bincike a Jami'ar Harvard, Sheldon da Eleanor Glueck, sun kwatanta yara maza 500 da aka tsare saboda laifi da wasu 500 da ba su da laifi, dukkansu daga unguwannin talakawa na birnin Boston, shekarunsu da kaifin basirarsu kusan ɗaya. Sun buga sakamakon a 1950. Tunda duk talakawa ne, ba a ce talauci ne ya raba su ba. Daga cikin manyan abubuwan da suka raba su akwai sa idon uwa a kan inda yaro yake, da ƙauna tsakaninsa da iyaye, da irin horon da ake yi masa. Horon da ya fi yawa a gidajen yara masu laifi shi ne na jeka-ka-dawo: yau a yi wa yaro dukan kawo wuƙa a kan ƙaramin abu, gobe ya yi babba a kau da kai.

Ba ana nufin duk uwar da ɗanta ya lalace ita ce da laifi ba. Mace nawa ce aka sako da 'ya'ya biyar, tana surfe da wankau, ina ta ga lokacin bin sawun kowa? Binciken ya ambaci uba kamar yadda ya ambaci uwa, kuma maigidan da ke fita da asuba ya dawo yara sun yi barci ya tsinke igiya guda da hannunsa.

Sunan da aka laƙaba wa yaro

Akwai wani ra'i da ya kamata kowace uwa ta riƙe. Frank Tannenbaum a 1938, da Howard Becker a 1963, sun nuna cewa yadda jama'a suka ɗauki laifin yaro na farko yana iya zama sanadin na biyu da na goma. Yaro ya saci kaza, aka zagaya da shi unguwa ana ihu, aka laƙaba masa "ɓarawo". Iyaye suka hana 'ya'yansu kula shi, mai shago ya kore shi daga koyon aiki. Wa ya rage zai karɓe shi? Sai waɗanda su ma aka kora. A hankali sunan ya bi shi har ya amsa.

Ga wasu alƙaluma da za su sanyaya miki zuciya. A birnin Filadelfiya an bi tarihin yara maza 9,945 da aka haifa a 1945, aka buga sakamakon a 1972. Kimanin kashi 35 cikin 100 sun taɓa shiga hannun 'yan sanda kafin su cika shekara 18, amma kusan rabin waɗannan sau ɗaya ne tak, ba su ƙara ba. Yara 627 kacal, wato kashi 6 cikin 100, su ne suka aikata fiye da rabin dukkan laifukan. Masana kuma sun daɗe da lura cewa aikata laifi yana hauhawa a shekarun samartaka, ya kai ƙololuwa wajejen ƙarshen shekarun goma sha, sannan ya yi ta sauka. Masu binciken ƙwaƙwalwa sun ƙara da cewa sashen da ke taka wa mutum birki da hango ƙarshen al'amari ba ya gama nuna sai wajen shekara 25. Ke nan yawancin samarin da suka yi rawar kai za su dawo hanya, muddin ba a rufe musu ƙofar dawowa ba.

Mata ne suka tsaya aka kafa kotun yara

A da, a Amurka da Ingila, yaron da ya yi sata kotun manya ake kai shi, a kulle shi ɗaki ɗaya da riƙaƙƙun ɓarayi. Ƙungiyoyin matan Shikago ne suka ce ba su yarda ba. Lucy Flower da Julia Lathrop da abokan aikinsu suka yi ta zirga-zirga wurin lauyoyi da 'yan majalisa har aka buɗe kotun yara ta farko a 1899. Da dokar ta fito ba a ware kuɗin albashin jami'an da za su riƙa bibiyar yaran a gidajensu ba, sai matan nan suka yi karo-karo suka riƙa biya. 'Yan uwa, ƙungiyar mata ce fa irin tamu.

Amma kyakkyawar niyya kaɗai ba ta isa ba. Da yake an ce alƙalin yara uba ne, sai aka ce yaro ba ya buƙatar lauya. A 1964 a jihar Arizona aka kama wani yaro ɗan shekara 15, Gerald Gault, bisa zargin yi wa wata maƙwabciya maganar banza ta tarho. Ba a sanar da iyayensa lokacin kamun ba, matar ba ta zo kotu ba, aka tura shi gidan horo har sai ya kai 21, shekara shida ke nan. Da babba ne ya yi, iyakarsa tarar dala 50 ko ɗaurin wata biyu. A 1967 Kotun Ƙolin Amurka ta ce yaro ma yana da haƙƙin a sanar da shi tuhumar da ake yi masa, ya sami lauya, ya kuma fuskanci mai ƙararsa.

Mu a wurinmu raba hukuncin yaro da na babba ba baƙon abu ba ne. Malaman fiƙihu sun tafi a kan cewa ba a tsayar wa wanda bai balaga ba haddi ko ƙisasi, ladabtar da shi ake yi, ɓarnar dukiya da ya yi kuma a biya mai ita. A mazhabar Malikiyya, in alamomin balaga ba su bayyana ba, magana mafi shahara ita ce shekara 18. Dokar Final Kod ta Arewa da ta fara aiki a 1960 ita ma ta ce yaron da bai kai shekara 7 ba ba shi da laifi a doka, wanda ke tsakanin 7 da 12 kuma sai an tabbatar yana da hankalin gane abin da ya aikata. Dokar Haƙƙin Yara ta tarayya ta 2003, wadda jihohi suke yin tasu a kan tsarinta, ta ɗauki duk wanda bai kai 18 ba a matsayin yaro, ta tanadi kotun iyali, ta ce tsare yaro shi ne mataki na ƙarshe kuma na ɗan lokaci kaɗan. Gidajen horon samari na tarayya da ake kira Bostal, waɗanda aka fi sani a Kaduna da Ilori da Abekuta, sun samo sunansu ne daga wani ƙauye a Ingila inda aka fara irin wannan gida a 1902. Ingilan kanta ta soke tsarin da dokar 1982.

Doka a takarda daban, abin da ke faruwa daban. Ba mu manta da ranar 1 ga Nuwamba 2024 ba, da aka gurfanar da wasu yara a Babbar Kotun Tarayya ta Abuja kan zanga-zangar tsadar rayuwa ta watan Agusta, bayan sun yi kusan wata uku a tsare, har wasu suka yanke jiki suka faɗi a cikin kotun. Sai da jama'a suka yi ca sannan shugaban ƙasa ya ba da umarnin a sake su.

Me gidan yari yake yi wa mutum?

Donald Clemmer ya yi shekaru yana aiki a wani gidan yari a jihar Ilinoi, a 1940 ya rubuta cewa gidan yari gari ne mai al'adunsa da yarensa da manyansa, kuma duk wanda ya shiga sai ya rinu da rininsa. Wanda ya fi rinuwa shi ne mai dogon zama da wanda 'yan uwansa na waje suka yanke hulɗa da shi. A 1958 Gresham Sykes ya yi nazarin babban gidan yarin jihar Niyu Jasi, ya lissafa raɗaɗi biyar da ɗaurarre yake sha ko da ba a taɓa lafiyar jikinsa ba: rashin 'yanci tare da jin cewa jama'a sun yar da shi, rashin abin hannu, rabuwa da iyali, rashin ikon yanke wa kansa ko da lokacin kwanciya, da rashin aminci, domin an haɗa shi kwana da mutanen da shi ma tsoronsu yake ji. Don ya tsira sai ya koyi dokar ciki: kada ka kai ƙara wurin gandiroba, kada ka nuna rauni, ka nemi uban gida.

To ki auna wannan a kan yaro ɗan shekara 15. Ya shiga saboda wayar da ya fizge, ya kwana da masu fashi, ya ci gabza tare da su, su ne suka kare shi daga duka. In ya fito, su wa zai nema? Makaranta ta wuce shi, ga tambarin "ɗan fursuna". A Nijeriya kuma akwai ƙarin wata masifa: shekara da shekaru alƙaluman hukuma suna nuna cewa kusan biyu cikin uku na mutanen da ke tsare jiran shari'a suke yi, ba a yanke musu hukunci ba. A 2019 an yi dokar da ta sauya sunan hukumar gidajen yari zuwa ta gyaran hali, ta hana ajiye yara tare da manya, ta kuma buɗe hanyar hukuncin da ba ɗauri ba, kamar aikin yi wa al'umma hidima da sulhu. Sanin wannan doka makami ne a hannun uwa.

"A kai shi ya gani ko ya ji tsoro"

Mukan ce wanda ya ƙi ji ba ya ƙi gani ba. An gwada wannan a gidan yarin Rahway na Niyu Jasi, inda ake kai kangararrun yara, masu ɗaurin rai-da-rai su yi ta daka musu tsawa suna ba su labarin azabar ciki. A 1978 aka yi fim a kai, ya ci babbar lambar yabo, aka yi ta kwaikwayon shirin. Da wani malami, James Finckenauer, ya bi sawun yaran, sai ya tarar cikin wata shida kashi 41 cikin 100 na waɗanda aka kai sun sake yin laifi, waɗanda ba a kai ba kuwa kashi 11 ne. A 2002 aka tattara gwaje-gwaje tara na irin wannan shiri, jimillarsu ta nuna ƙara laifi yake yi.

Tun a 1764 wani masanin Italiya, Cesare Beccaria, ya ce abin da ke hana laifi shi ne mutum ya tabbata za a kama shi kuma hukunci ba zai yi jinkiri ba, wannan ya fi tsananin hukuncin tasiri. Binciken zamani ya ƙarfafa maganar tabbacin kamu. A cikin gida ma haka ne: ƙaramin horo da yaro ya san ba makawa sai an yi ya fi bulala hamsin ta ranar da ran uwa ya ɓaci.

Nan ne ya kamata mu yi wa kanmu faɗa game da gidajen mari. A watan Satumba 2019 'yan sanda suka shiga wani gida a Rigasa ta Kaduna suka fito da mutum fiye da 300, manya da yara, wasu da sasari a ƙafa da tabon duka a baya. Da yawansu iyaye da dangi ne suka kai su da hannunsu, har suna biyan kuɗi, suna zaton gyara ake yi. Duk inda za a hana ki ganin ɗanki ke da shi ku kaɗai, wallahi ba wurin barin ɗa ba ne. Mai shaye-shaye kuwa, likitan ƙwaƙwalwa yake buƙata.

Abin da ke dawo da mutum hanya

Yaran nan 500 na Boston ba a bar su nan ba. Robert Sampson da John Laub sun tono takardun binciken, suka bi rayuwar mutanen har zuwa shekara 70, suka buga sakamako a 1993 da 2003. Kusan dukkansu sun bar laifi, wasu da wuri wasu a makare. Manyan abubuwan da suka juya rayuwarsu su ne aure mai daɗi, da tsayayyen aiki, da aikin soja. Matar kirki takan raba mutum da tsofaffin abokai, ta sa masa ido, ta ba shi abin da zai ji tsoron rasawa. Sai dai a kula, ba a ce a ɗauki 'yar mutane a aura wa ɗan ƙwaya don ta zama maganinsa ba. Wannan zalunci ne. A fara da magani da sana'a, a ga alamar shiriya, kuma a gaya wa dangin yarinya gaskiya.

Ziyara ma magani ce. A jihar Minesota an yi nazarin fursunoni 16,420 da aka saka tsakanin 2003 da 2007, aka ga waɗanda aka riƙa ziyarta haɗarin sake kama su da babban laifi ya ragu da kashi 13 cikin 100. Hannunka ba ya ruɓewa ka yanke ka yar. A ƙasar Niyu Zilan kuwa, tun 1989 doka ta sa akasarin shari'un yara su bi ta zaman dangi, tsarin da aka yi la'akari da al'adar ƙabilar Mawori wajen kafa shi. Yaro da danginsa da wanda aka cuta sukan zauna, ya ji da kunnensa irin cutar da ya yi, a tsara yadda zai biya. Wannan ai sulhun da muka gada ne a zauren mai unguwa. Kuma ya tuna mana cewa tausayin yaro ba ya share haƙƙin wanda aka zalunta. Uwar da ta ɓoye wuƙar ɗanta ko ta karɓi wayar da ba ta san asalinta ba, ta taya shi haƙa ramin da zai faɗa.

In abin ya zo ƙofar gida

Ki tabbata kowane ɗa naki yana da takardar haihuwa ta Hukumar Ƙidaya, domin in an kama yaro mai girman jiki, ita ce shaidar da za ta hana a rubuta shi babba. In an kama shi, ku je ke da maigida ko wani babba a ranar, ku faɗi shekarunsa, kada ya sa hannu a wata takarda shi kaɗai. Tsarin mulki ya ce a kai wanda aka kama kotu cikin kwana ɗaya in akwai kotu a tazarar kilomita 40, in babu cikin kwana biyu. Beli a ofishin 'yan sanda kyauta ne a doka. Dokar tafiyar da shari'ar laifuka ta 2015, wadda jihohi suka yi kwatankwacinta, ta hana a kama uwa ko mata a madadin wanda ake nema, ta kuma ce ba a hana mace tsaya wa mutum beli don kawai ita mace ce. Wanda ba shi da kuɗin lauya yana iya neman Hukumar Ba Da Agajin Lauya ta gwamnati. In laifin ƙarami ne, ku nemi sulhu ku biya mai haƙƙi. In an tsare shi, ku riƙa ziyara, ku fara nema masa wurin koyon sana'a tun kafin ya fito.

A matsayinmu na ƙungiya kuma, kowane reshe yana iya sanin inda gidan ajiye yara na jiharsa yake, ya kai ziyara, ya binciki yaran da 'yar tara kaɗan ta hana su fita, ya kuma rungumi matar da ɗanta ko mijinta ke tsare maimakon a riƙa nuna ta da baki a gidan biki.

Tambayoyin bita a majalisin karatu

1. A cikin igiyoyi huɗu na Hirschi, wacce ce ta fi rauni a unguwarku, kuma me reshenku zai iya yi a kai?
2. Waɗanne sunaye muke kiran 'ya'yanmu da su in ranmu ya ɓaci, kuma me za mu faɗa a madadinsu?
3. Yaya za a haɗa tausayin yaro mai laifi da biyan haƙƙin wanda ya cuta?

Allah Ya shirya mana zuriya, Ya kare su daga mugun ji da mugun gani, waɗanda ke tsare kuma Allah Ya kawo musu mafita ta alheri. Sai mun haɗu a fitowa ta gaba in Allah Ya kai mu. Wassalamu alaikum.